Rumfar Baba mai but a Alabar: abin da na gani cikin shekara goma sha biyar

Makon jiya wata mata daga Sawaba ta same ni a bakin fili bayan mun tashi atisaye, tana riƙe da hannun 'yarta. Yarinyar ba ta wuce shekara goma sha uku ba, kuma wata biyu ke nan tana zuwa mana da takalmin makaranta, tana tsaron baya da shi ba ta taɓa yin ƙorafi ba. Uwar ta ce, "Koci, na tara sidi 300 na takalmin ƙwallo. Ina za mu je da ba za a cuce mu ba?" Na ce ta bari sai Talata, ni zan kai su da ƙafata. An yi mini wannan tambayar ya fi a ƙirga, a fili da a waya har da wajen suna da biki, shi ya sa na ga gara in zauna in rubuta abin da na sani game da rumfar da nake kai kowa, da alherinta da kuma inda take buƙatar gyara.

Ba shago ba ne mai allo da suna. Rumfar katako ce da rufin kwano, a ɗaya daga cikin lungunan da ke gangarowa daga Alabar zuwa wajen Kejetia. Da can a gefen tsohuwar babbar kasuwa take, da aka fara rushe-rushe don sabon gini sai ta dawo nan. Takalman ƙwallo ne rataye da igiyoyinsu tun daga sama har ƙasa, wasu a tsibe a kan buhu, sai benci ɗaya da akwatin kayan aiki. Duk na gwanjo ne, abin da muke kira fos a nan Kumasi. Mai rumfar dattijo ne, baduku ne tun asali, kuma kowa Baba mai but yake ce masa, but ɗin shi ne takalmin ƙwallo.

Ni 'yar Aboabo ce. Na yi shekara tara ina tsaron baya a gasar mata ta ƙasa, a shiyyar arewa, daga 2014 zuwa 2023. Ban saka rigar ƙasa ba, ban fita waje ba, amma babu filin da ake buga gasar nan tsakanin Kumasi da Techiman da Sunyani da Tamale da ban zubar da gumi a kansa ba. Cikin shekarun nan duka, takalmi biyu kacal na taɓa sakawa sabo fil daga kwali, su ma kyauta aka ba mu. Sauran duk daga hannun Baba suka fito, ko kuma suka koma hannunsa ya raya su.

A 2010 yayana ya fara kai ni wajensa, ina shekara goma sha huɗu. Mma, mahaifiyata, ba ta sani ba a lokacin, don tana ganin ƙwallo za ta sa a yi da ni a unguwa, kuma ba ta yi ƙarya ba, an yi. Muna isa idona ya faɗa kan wani jan takalmi mara nauyi, mai sheƙi, irin na 'yan gaba da muke gani a talabijin. Na ɗauka na rungume. Baba bai tambayi lambar ƙafata ba. Cewa ya yi, "'Yata, a ina kike tsayawa?" Na ce Aboabo. Ya ce, "A fili nake nufi. Gaba ko baya?" Na ce baya. Ya ce, "Wane fili?" Yayana ya ce sakora, wato filin da babu ko tsinken ciyawa, jar ƙasa ce da tsakuwa. Sai ya miƙa hannu ya karɓe jan takalmin, ya sunkuya ya zaƙulo wani baƙi na fata, tsoho, mai guntayen haƙora zagayayyu. Raina ya ɓaci ƙwarai. Ya ce, "Mai buga gaba tana gudu ne inda ta ga dama. Ke kuwa inda ta ga dama nan za ki bi. Ƙafarki ba ta da zaɓi, don haka takalminki ya zama mai haƙuri."

Shekaru na yi kafin in gane zurfin maganar nan. Wanda bai tsaya a baya ba yana zaton aikinmu shi ne mu doka ƙwallo ta yi nisa. Rabin wasan mai tsaron baya da baya-baya take yinsa, idonta a kan ƙwallo, kafaɗarta a kan 'yar gaba, tana jiran lokacin da za a juya ta. Idan aka jefo doguwar ƙwallo ta bayanki, dole ki kafa ƙafa ɗaya ki juya jikinki gaba ɗaya a kanta, kuma ba ke kika zaɓi lokacin ba. Idan aka yi kwana, ku biyar ko shida ne a cunkushe a gaban raga, kowa na taka kowa, kuma saman ƙafarki ne ke shan haƙoran takalmin wasu. Idan kika tashi sa kai, a kan ƙafa ɗaya kike sauka, sau da yawa da mutum a jikinki. Idan ta kuɓuce miki kuma babu sauran dabara, sai ki zame a ƙasa ki share ƙwallon, gefen takalmi ya goge tsakuwa. Shi ya sa takalmin 'yar baya ba ya mutuwa irin mutuwar na 'yar gaba. Namu ta gefen waje yake fara cinyewa, sai baki ya buɗe a wajen babban yatsa, sai haƙoran dunduniya su lashe. Baba yana ɗaga takalmi ya juya shi sau ɗaya ya gaya maka inda mai shi ke tsayawa a fili, har da ƙafar da ta fi amfani da ita. Na gwada shi da takalman abokan wasana ba sau ɗaya ba. Ido ba mudu ba ne, amma ya san kima.

Abin da ya fi ƙwarewa a kai, wanda ban ga na biyunsa a garin nan ba, shi ne ɗinki. Ba ya barin ki fita da takalmin fos sai ya ɗinke ƙasansa, ko da kuwa kin ga lafiyarsa lau. Dalilinsa shi ne takalmin ya daɗe a matse cikin dila, ya sha zafin jirgin ruwa da na sito, gam ɗinsa ya riga ya mutu ko da ido bai gani ba, ranar da ya sha ruwan sama sau ɗaya zai buɗe baki. Yakan fara da tsaga siririyar hanya a gefen ƙasan takalmin da wuƙa, don zaren ya kwanta a ciki kada ƙasa ta ci shi. Sannan ya goga wa zaren kakin zuma, ya bi da basilla, ɗinki kusa da kusa a wajen yatsu inda ake dukan ƙwallo, da ɗan tazara a wajen dunduniya. Ta ciki kuma sai ya bubbuge ƙullin ya kwanta, ya shimfiɗa siririyar fata a kai. Wannan na ƙarshen shi ne bambancinsa da masu gyaran bakin titi. Na taɓa ba wani ɗinki a Sunyani saboda gaggawa, ƙullin zarensa ya yi mini bororo biyu kafin a tafi hutun rabin lokaci. Na Baba ban taɓa jin zarensa a tafin ƙafata ba.

Ba kowane takalmi yake yarda ya ɗinka ba. Waɗannan na zamani masu sirirın sama kamar leda, yakan ce basilla na shiga sun zama takarda, ramin ɗinkin ne zai zama mafarin yagewa. Zai gaya miki gaskiya ki ajiye kuɗinki. Abin da yake so shi ne fata, kuma a cikin fata babu kamar Copa Mundial na Adidas, baƙin nan mai farin layi uku da dogon harshe, wanda ake yi a Jamus tun 1979. Idan ya samu ɗaya a dila, ba ya rataye shi, ɓoyewa yake yi sai mai tsaron baya ta zo. Na samu ɗaya a 2016, na yi kaka uku da shi, an sake masa ɗinki sau biyu. Shi ya koya mini in riƙa shafa masa man kaɗanya kaɗan bayan na goge, kada in shanya shi a rana ko kusa da murhun Mma, in cusa masa tsohuwar jarida idan ya jiƙe ya bushe a inuwa.

Akwai wani aiki da yake yi mana mu mata wanda shi da kansa ya ƙirƙiro. Kusan duk takalmin da ke zuwa a dila don ƙafar namiji aka yi shi. Ƙafar mace kuwa dunduniyarta ta fi siranta, don haka sai ki samu takalmi ya yi miki daidai a yatsu amma dunduniya na fita tana komawa, kina juyawa ƙafa na yawo a ciki. Da yawanmu safa biyu muke sakawa, wasu har uku. Baba sai ya yanka soso mai tauri, ya manna a bayan dunduniya ta ciki hagu da dama, ya lulluɓe da tattausar fatar akuya ya ɗinke. Takalmin sai ya kama ƙafa kamar don ita aka yi shi. Sidi 20 yake karɓa a kan wannan yanzu, kuma da zai ce 100 da na biya.

Sai maganar kuɗi, wadda ita ce ta sa rumfa irin wannan ta zama dole. A shekarun da na yi wasa, abin da ake ba mu a wata, idan an bayar, bai kai kuɗin takalmi ɗaya na ainihi a shagunan Adum ba. Yawancinmu muna da wata sana'a. Ni da asuba nake taya Mma dama koko da suyar ƙosai kafin in tafi atisaye. Baba yana da wani tsohon littafi da yake rubuta bashi da ajami, kuma sunayen 'yan ƙwallo mata sun cika shi. A 2018 aka dakatar da harkar ƙwallo a ƙasar nan bayan binciken cin hanci da ya rusa shugabancin hukumar, a 2020 kuma korona ta sa aka soke kakar wasa. Duka lokutan biyu yana bi na kuɗi. Ko sau ɗaya bai aiko gida ba. Da na kai masa bayan wata bakwai ina ba shi haƙuri, cewa ya yi, "Ai na san ba a buga wasa. Da me za ki biya?"

To, amma ba zan rubuta yabo kaɗai ba, don wadda za ta je da kuɗin da ta sha wuya ta tara ya kamata ta san komai.

Baba ba ya cika alƙawarin lokaci. Idan ya ce Alhamis, ki sa Asabar a ranki. Aiki ya yi masa yawa, shi kaɗai ne sai wani yaro da ke taya shi, kuma ba ya iya cewa a'a ga kowa. Akwai ranar da za mu tafi Tamale, mota za ta tashi da asubar Asabar, na kai masa takalmi tun Litinin ya ce Laraba. Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci na same shi bai ko taɓa shi ba. Na zauna a bencin nan har aka kira magariba yana ɗinki da fitilar waya. Ya gama, aikin ya yi kyau, amma na yi tafiyar yini guda ban yi barcin kirki ba. Har yau bai canza ba.

Ƙananan lambobi ma wahala ne da su. Dila tana zuwa ne cike da 42 zuwa 45, sai kuma na yara ƙanana. Mu masu 38 da 39 da 40 sai an tona, wani lokaci ki yi zuwa uku ba ki samu ba. Wannan ba laifinsa ba ne, amma yana da halin cewa, "Ɗauki 41 ɗin nan, zan cika miki shi." Kada ki yarda. Cikon dunduniya yana gyara faɗi, ba ya gyara tsawo. Takalmin da ya fi ƙafa tsawo, haƙoransa ba sa zama a inda nauyinki ke sauka, kuma za ki riƙa tuntuɓe da bakinsa idan kina ja da baya. Sannan wajen gwaji babu sirri ko kaɗan. Benci ɗaya ne a bakin hanya, masu kaya a ka da masu kura na wucewa, samari na tsaye suna kallo. Ga budurwar da ta fito daga gidan da da ƙyar aka bar ta ta buga ƙwallo, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Na sha gaya masa ya sa ko labule ne, yana cewa to.

Sau ɗaya na sayi jabu a hannunsa, a 2019. Ban yi imani da gangan ya yi ba, don masu yin jabun sun ƙware, kuma shi idonsa a fata ya fi kaifi, ba a roba ba. Wasa biyu na yi da shi ƙasan ya tsage biyu a tsakiya. Da na mayar, bai musa ba, amma ya ce ba ya mayar da kuɗi, haka dokar rumfarsa take tun fil azal. Ya rage mini wani abu a kan na gaba. Na karɓa, amma raina bai so ba, kuma har yanzu ina ganin wanda ya sayar da jabu, ko bai sani ba, shi ya kamata ya ɗauki asarar.

Abu mafi nauyi shi ne gwiwata. A 'yan shekarun nan an yi ta shimfiɗa filayen roba a unguwanni, har da zangonni, kuma wasanninmu da yawa suka koma can. Mun yi murna, don wanda ya zame a sakora ya san yadda tsakuwa ke kwashe fatar cinya. Abin da ba mu sani ba shi ne filin roba yana da irin takalminsa, mai haƙora gajeru da yawa, waɗanda ke sakin ƙasa idan ka juya. A 2021 na sayi wani mai dogayen haƙora masu faɗi kamar bakin wuƙa, irin na ciyawa. Na ce, "Baba, a roba za mu buga fa." Ya ce, "'Yata, but but ne." Wasa na huɗu da shi, da rana tsaka robar ta ɗau zafi, 'yar gabansu ta yi kamar za ta bi layi sai ta yanko ciki. Na kafa ƙafar hagu na juya. Jikina ya juya, ƙafar ta tsaya inda take. Na ji ƙarar da kunnena kafin in ji zafin.

Mako uku Mma tana kai ni wajen mai ɗori, ana ja ana shafawa, kumburi ya sauka amma gwiwar na zillewa duk lokacin da na taka matakala. Sai da aka yi hoto a asibiti aka ga jijiyar tsakiyar gwiwa ce, wadda likitoci ke kira ACL, ta tsinke. Ɗori ba ya haɗa ta, don ba ƙashi ba ne. Aka yi aiki da kuɗin da 'yan uwa da abokan wasa da jama'ar masallacinmu suka haɗa, na yi wata goma sha ɗaya ban taɓa ƙwallo ba. Likitan ya ce abubuwa da yawa ne ke haɗuwa, gajiya, da ƙarfin naman cinya, da yadda mutum ke sauka, kuma mata sun fi maza yawan samun wannan rauni. Amma ya ce takalmin da ke riƙe ƙasa fiye da kima yana cikin dalilan. Don haka ba zan ɗora wa Baba duka ba, ba kuma zan wanke shi duka ba. Na tambaye shi, ya ba ni amsar da ba shi da ilimi a kanta.

Ya zo gaishe ni har gida da ledar lemu, ya zauna a zaure ya kasa haɗa ido da Mma. Abin da ya sa na ci gaba da kai masa yara shi ne abin da ya yi bayan nan. Ya sa aka nuna masa bambancin haƙoran a waya, ya raba tsibinsa uku, na sakora, na ciyawa, na roba. Yanzu idan yarinya ta ce roba, ba zai sayar mata da mai dogon haƙori ba ko ta yi kuka. Na gani da idona ya hana wani saurayi, saurayin ya yi fushi ya tafi wata rumfa.

Ban san girman matsalar ba sai a 2023, lokacin da Leah Williamson, kyaftin ɗin Ingila kuma mai tsaron bayan Arsenal, ta tsinke irin wannan jijiya a watan Afrilu, ta rasa gasar cin kofin duniya. A shekarar ne kuma ƙungiyar kulob-kulob ta Turai ta yi bincike a kan 'yan wasa mata kusan 350, kashi 82 cikin ɗari suka ce takalmansu na damunsu, da yawa kuma a dunduniya. Na karanta na yi shiru. Waɗannan su ne masu likitoci da kamfanonin da ke kawo musu takalmi kyauta, ga shi suna kukan abin da wani dattijo a Alabar ya gano da hannunsa yana cikawa da soso da fatar akuya. Kamfanoni sun fara yin na mata zalla, kamar Phantom Luna da Nike ta fitar a shekarar, amma har yau ban ga ko ƙafa ɗaya ta faɗo daga dilar Baba ba. Sai waɗanda suka saya a can sun gaji da su tukuna.

Idan kin je, ki leƙa rumfa ta uku daga tasa. Akwai wata tela da ke ɗinka hijabin wasa da yadi mai shan gumi. Ta san ƙa'ida: baƙi ko launin rigar ƙungiya, ba a haɗe da riga ba, babu allura ko wani abu mai tsini. Tun 2014 dokar ƙwallo ta amince da rufe kai, amma iyaye da yawa a zango ba su yarda ba sai da suka ga Nouhaila Benzina ta Maroko, ita ma mai tsaron baya, ta buga da Koriya ta Kudu da hijabinta a kofin duniya na 2023, suka ci 1-0. Hotonta na nan manne a jikin rumfar telar, kuma na san gida uku da hoton nan ya buɗe wa yarinya ƙofa.

Baba yana da ƙaramar talabijin a saman akwatinsa, kuma a watan Yulin 2025 da ake gasar mata ta Afirka a Maroko, washegarin kowane wasa rumfar majalisa take zama. Black Queens, ƙungiyar matan Gana, sun yi minti 120 da Aljeriya ba a zura musu ko ɗaya ba, suka wuce a bugun fenareti. Maroko ta fitar da mu a wasan kusa da na ƙarshe, shi ma a fenareti, sannan muka doke Afirka ta Kudu muka ɗauki tagulla. Samari na ta maganar masu cin ƙwallo da mai tsaron raga, shi kuwa Baba maganarsa ɗaya ce, Portia Boakye. 'Yar Fabulous Ladies ce ta nan Kumasi, a gaba ta fara, daga baya ta koma baya, ta buga a Djurgården ta Suwidin, ga ta kyaftin tana da shekara 36. Yakan ce wadda ta taɓa zama 'yar gaba ta san abin da 'yar gaba ke shirin yi tun kafin ta yi. Ni kuma idan ina yi wa yarana magana nakan ƙara da Janet Egyir, wadda ta ja Hasaacas Ladies har wasan ƙarshe na gasar zakarun Afirka ta mata ta farko a Alƙahira a 2021, da Onome Ebi ta Najeriya da ta je kofin duniya sau shida, daga 2003 har 2023 tana da shekara 40. 'Yar baya tana iya daɗewa a fili fiye da kowa, don wasanta da kai ne fiye da gudu, in dai gwiwa ta bar ta. Tawa ta ba ni kaka ɗaya bayan aiki, daga nan na ga ina jin tsoron juyawa, kuma mai tsaron bayan da ke tsoron juyawa ta gama.

Wadda za ta je, ta je da safe ranar Talata, lokacin ne yake baje sabon kaya, kafin 'yan sari su tsince na kirki. Ki tafi da safar wasanki, ki gwada ƙafa biyun a tsaye, ki bar faɗin babban yatsan hannu tsakanin yatsunki da bakin takalmin. Ki lanƙwasa shi da hannu: na ƙwarai a gindin yatsu yake lanƙwasa, wanda ya karye a tsakiya ki ajiye. Ki matsa bayan dunduniya ki ji ko da tauri, ki duba ko haƙoran sun cinye ta gefe ɗaya, don wannan zai karkatar miki da taku. Ciniki kuma ana yi, amma ba ya zuga farashi sosai, abin da zai rage ba ya wuce sidi 20 ko 30. Yana karɓar kuɗi ta waya.

Ranar Talatar muka shiga pragya, wato keke mai ƙafa uku, mu uku daga Sawaba. Na durƙusa na gaishe shi, ya ce, "Koci, an kawo mini wata?" Yarinyar tuni idonta ya tafi kan wani ruwan hoda mai sheƙi da ke rataye a sama. Ya kalle ta ya ce, "Jikata, a ina kike tsayawa?" Ta ce baya, lamba huɗu. Ya ce wane fili, na ce sakora ranakun mako, roba ranar Asabar. Ya daɗe yana tono kafin ya fito da wani baƙi mai guntayen haƙora da yawa, lamba 38, fatarsa ta ɗan goge a gefen dama amma ƙasansa lafiya. Ta saka, ya sa ta ja da baya taku biyar a cikin lungun, ta juya hagu, ta juya dama, yana kallon dunduniyarta. Sidi 230 takalmin, 30 ɗinki, 20 cikon dunduniya. Ragowar 20 ɗin uwar ta miƙa a kan wata tsohuwar kariyar ƙauri, ya ce ta bar shi kuɗin mota, ya jefa kariyar a leda. Ya ce su dawo Alhamis. Da muka fito bakin titi na ce wa uwar ta bari sai Asabar da yamma.